Rubuta Tarihin Karon Maza: Darasi Daga Ƙasar Gumel

1.0 Gabatarwa

A ƙasar Gumel, wato ƙananan hukumomin Gumel da Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar na arewacin Jihar Jigawa, da wuya a sami garin da dattawansa ba su da labarin wata kokawa ko wani dambe da ya tsaya musu a rai. Idan kaka ta yi, aka kai amfanin gona gida, hira ta yi daɗi, sai a ji an ɗauko zancen ranar da ɗan kokawar gari kaza ya kai na gari kaza ƙasa. Za a faɗi sunan makaɗin da ya yi kiɗa, da irin layun da aka ɗaura, har da kirarin da aka yi. Amma da zarar an tambayi shekarar da abin ya auku, sai gardama ta kaure, wani ya ce kafin fari ne, wani ya ce bayansa.

Wannan babi ya dubi yadda ake mayar da irin wannan labari rubutaccen tarihi. An kawo misalai daga littattafan da aka wallafa a wasu ƙasashe game da manyan gasanni, aka kwatanta su da hanyoyin da Hausawa suka bi wajen adana nasu, sannan aka jero matakan da ɗalibi mai koyon aikin malanta zai bi ya rubuta na garinsu. Ana sa ran bayan nazarin babin ɗalibi zai iya:

(a) bayyana ma'anar karon maza da sigogin labarinsa;
(b) bambance abin da waƙa take adanawa da abin da littafi yake adanawa;
(c) tattara labarin karo guda ɗaya daga bakin shaidu, ya rubuta shi bisa ƙa'ida.

2.0 Ma'anar Karon Maza

Karon maza shi ne haɗuwar gwanaye biyu, ko ƙungiyoyi biyu, a fili, gaban 'yan kallo, bisa ƙa'idojin da kowa ya sani, domin a raba gardamar wanda ya fi. A al'adar Hausawa dambe da kokawa ne kan gaba. Akwai kuma sharon Fulani da sukuwar dawaki da langa, sannan zamani ya kawo ƙwallon ƙafa da sauran wasannin Turawa.

Ba kowane karo ake tunawa da shi ba. Wanda yake zama tarihi yakan tara abubuwa uku. Na farko, gwanayen su kasance tsaran juna, ta yadda ba wanda zai iya rantsuwa a kan wanda zai yi nasara. Na biyu, ya zamana akwai abin da ya fi kyautar kuɗi a tsakani, kamar sunan gari ko martabar sana'a ko tsohuwar hamayya. Na uku, a sami wanda zai ba da labarin bayan an watse. Idan aka rasa na ukun, na farko da na biyu sukan shuɗe tare da mutanen da suka gani da idonsu.

3.0 Yadda Hausawa Suka Adana Labarin Karo

Hanyoyi uku ne fitattu: kirari da waƙa da hira. Kirari yakan adana laƙabin gwani da irin yadda yake ganin kansa. Hira takan adana yadda aka yi, amma takan sauya daga baki zuwa baki. Waƙa ce ta fi su ƙarko, domin kiɗa da amshi suna riƙe kalmomi.

Babban misali shi ne na Shago da Ɗandunawa. Wanda duk ya tashi a ƙasar Hausa yana sauraron rediyo ya san waɗannan sunaye biyu, ko da bai taɓa leƙa gidan dambe ba, kuma waƙoƙin Muhammadu Bawa Ɗan Anace ne suka kai su kunnensa. Wannan ya nuna ƙarfin waƙa. Sai dai ɗalibi ya lura da abubuwa biyu. Da farko, Ɗan Anace makaɗin Shago ne, kuma aikin makaɗin maza shi ne ya zuga gwaninsa, ya kambama shi, ya rage wa abokin karonsa kwarjini. Ba alƙalanci aka ɗauke shi yi ba. Na biyu, waƙa ba ta damu da kwanan wata ba. Takan ambaci gari da mutane, amma ba kasafai take faɗin shekara ba, balle yawan turamen da aka yi kafin kisa. Saboda haka waƙa shaida ce mai daraja, amma shaidar ɓangare ɗaya ce, tana bukatar a haɗa ta da wasu.

4.0 Littattafan Karo a Wasu Ƙasashe

A Turai da Amurka rubuta labarin gasa guda ɗaya ya zama fanni mai zaman kansa. Misalai uku za su wadatar.

4.1 Ƙwallon Lambu a Brookline, 1913

Ƙwallon lambu, wato golf, wasa ne da ake buga 'yar ƙaramar ƙwallo da sanda har a jefa ta cikin ramuka 18 da ke warwatse a babban fili. Wanda ya gama da bugu mafi ƙaranci shi ya ci. Turawan mulkin mallaka ne suka kawo shi Nijeriya, aka yi filayensa a garuruwa irin su Jos da Kaduna da Kano. A Jihar Jigawa ma akwai filin da marigayi Sarkin Dutse, Alhaji Nuhu Muhammad Sanusi, ya kafa a Dutse.

A watan Satumba na 1913 aka yi babbar gasar Amurka ta wannan wasa a Brookline, kusa da birnin Boston. Gwanaye biyu suka zo daga Birtaniya, Harry Vardon da Ted Ray, kowa yana ganin ɗayansu ne zai tafi da kofi. Sai ga wani saurayi ɗan shekara 20, Francis Ouimet, ɗan talakawa da gidansu ke tsallaken titin filin, wanda a da yake ɗaukar wa masu wasa jakar sanduna. Su ukun suka yi kunnen doki da bugu 304. Da aka sake karawa ranar 20 ga wata, Ouimet ya gama da bugu 72, Vardon 77, Ray 78. Yaron da ya ɗauki jakar Ouimet, Eddie Lowery, shekararsa 10 kacal. A 2002, wato bayan shekara 89, Mark Frost ya wallafa littafi a kan wannan karo mai suna The Greatest Game Ever Played. Abin lura a nan shi ne, marubucin bai ga wasan ba, amma ya iya rubuta shi daki-daki domin an ajiye lissafin kowane bugu, kuma 'yan jarida sun rubuta abin da suka gani a ranar.

4.2 Damben Kinshasa, 1974

Ranar 30 ga Oktoba, 1974, Muhammad Ali ya kara da George Foreman a Kinshasa, babban birnin ƙasar da ake kira Zayar a lokacin, wato Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango ta yanzu. Ali yana da shekara 32, Foreman 25, kuma ba a taɓa cin Foreman ba tun da ya shiga damben sana'a. Ali ya jingina da igiya ya bar shi yana ta kai naushi har ya gaji, sannan ya kai shi ƙasa a turmi na takwas. Norman Mailer yana wurin, ya kuma fitar da littafinsa The Fight a 1975. Wannan misali ne na rubutun ganau. Marubucin ya zauna da mutanen ɓangarorin biyu kafin ranar, shi ya sa mai karatu yake jin fargabar kowane sansani.

4.3 Dick Tiger da Gene Fullmer, 1962 zuwa 1963

Ɗan damben Nijeriya Dick Tiger ya kara da Ba'amurke Gene Fullmer sau uku. Ya yi nasara a San Francisco a 1962, suka yi canjaras a Las Vegas a farkon 1963, sannan ya sake yin nasara a filin wasa na Liberty da ke Ibadan ranar 10 ga Agusta, 1963. Adeyinka Makinde ya rubuta tarihin rayuwar Tiger. Wannan misali ne na hamayyar da ba ta ƙare a karo ɗaya ba, inda marubuci yake bin sawun mutum biyu daga fili zuwa fili.

Abin da ya haɗa waɗannan ayyuka shi ne rana sananniya, da wuri sananne, da sakamakon da ba a gardama a kansa, da kuma ba wanda aka kayar haƙƙinsa. Vardon da Foreman da Fullmer duk an san su a matsayin gwanaye, domin darajar wanda ya yi nasara tana rataye ne da girman wanda ya kayar.

5.0 Rubuce-rubuce a Kan Karon Hausawa

Ɗaya daga cikin tsofaffin bayanan da aka rubuta game da damben Hausawa shi ne na Hugh Clapperton, Baturen da ya sauka Kano a farkon 1824, aka buga labarin tafiyarsa a Landan a 1826. Ya faɗi yadda ya sa aka kira masa 'yan dambe, suka zo da makaɗa da taron mahauta. Ya bayyana yadda ake naɗe hannu, da yadda gwanaye suke kirari suna kamanta kansu da kura da zaki. Bayanin ya tabbatar da cewa alaƙar dambe da sana'ar fawa tsohuwa ce. Amma kallon baƙo ya yi. Wasan ne ya dame shi, mutanen da suka yi shi ba su fito da sunayensu da tarihinsu ba.

A zamanin baya-bayan nan, Edward Powe ya yi digirinsa na uku a Jami'ar Wisconsin a 1984 a kan adabin karon Hausawa, ya kuma wallafa Combat Games of Northern Nigeria a 1994. Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau na Jami'ar Bayero ta Kano ya yi aiki mai yawa a kan makaɗa da mawaƙan Hausa, har da makaɗan maza. Waɗannan ayyuka sun fi karkata ga fasalin wasa da adabinsa. Littafin Hausa da ya ɗauki karo guda ɗaya ya bi shi daga tushe har ƙarshe bai yawaita ba.

Akwai darasi a maƙwabta. A Jamhuriyar Nijar hukuma ta mayar da kokawa gasar ƙasa tun 1975, lokacin da aka yi ta farko a Tawa, Kantu na Maraɗi ya ɗauki takobi. A tsarin gasar na yau jihohi takwas ne suke kawo 'yan kokawa goma-goma. Da yake ana rubuta sakamako, ana kuma watsawa ta rediyo da talabijin, yau ana iya bin jerin sarakunan kokawa tun daga Kantu har zuwa zamanin Isaka Isaka na Doso, wanda ya ɗauki takobin sau da dama. Mutanen Maigatari, da suke iyaka da jihar Damagaram, ba baƙin wannan gasa ba ne. Kokawar can da ta nan tushensu ɗaya. Rubutu ne ya sa aka san shekarun wancan ɓangare.

6.0 Matakan Rubuta Labarin Karo

6.1 Zaɓen Karo

Ɗalibi ya zaɓi karo ɗaya tak, wanda har yanzu akwai masu rai da suka gan shi. Tarihin kokawa a ƙasar Gumel baki ɗaya ya fi ƙarfin jingar zango ɗaya. Kokawa guda da aka yi a dandalin wani gari na Gagarawa ko Sule Tankarkar ta isa.

6.2 Neman Shaidu

A nemi aƙalla mutum uku: ɗaya daga garin wanda ya yi nasara, ɗaya daga garin wanda aka kayar, da wani wanda ba shi da gwani a ciki. Sarkin fawa da makaɗa da maroƙa da masu unguwanni sukan san inda za a sami irin waɗannan mutane. Kasuwar Maigatari da take ci ranar Alhamis takan tara fatake da mahauta daga ɓangarorin iyaka biyu, don haka wuri ne mai kyau na samun bakin zare. A yi hira da kowane shaida shi kaɗai, domin idan aka haɗa su, mai babbar murya ne zai rinjayi sauran. A kuma tambayi kowa ko ganau ne ko jiyau.

6.3 Tantance Shekara

Dattawa sukan auna lokaci da manyan al'amura. Aikin ɗalibi shi ne ya mayar da su lissafi. An sami 'yancin kai a 1960. An koma tuƙi ta hannun dama a 1972. An shiga shirin ilimin firamare na bai-ɗaya a 1976. An ƙirƙiro Jihar Jigawa daga Jihar Kano ranar 27 ga Agusta, 1991. Amma a yi hattara da al'amuran da suka maimaitu. Idan dattijo ya ce “shekarar canjin kuɗi”, a tambaye shi ko na 1973 yake nufi, lokacin da naira ta maye gurbin fam, ko na 1984, lokacin da aka sauya launin takardun kuɗi. Haka nan “shekarar rufe iyaka” tana iya zama 1984 ko 2019. Idan ya ce “shekarar fari”, a bincika ko na farkon shekarun 1970 ne ko na tsakiyar shekarun 1980. Inda aka kasa tsayar da shekara ɗaya, a rubuta tsakanin shekara kaza da kaza.

6.4 Rarrabe Zuga da Abin da Ya Auku

Jimla irin “an yi kokawar da ba a taɓa ganin irinta ba” ba ta ƙara wa mai karatu komai. Abin da yake so ya sani shi ne: a wane dandali, da yamma ko da dare, wa ya fara kai kamu, da wace dabara aka yi kayen, wa ya yi alƙalanci, me aka ba wanda ya ci. Idan shaidu suka saɓa, a kawo maganar kowa tare da nuna ɓangarensa. Maganar layu da guraye da sauran asirai kuwa a rubuta ta a matsayin abin da mutane suka faɗa ko suka yi imani da shi.

6.5 Kiyaye Kalmomin Fanni

Kowane wasa da harshensa. A dambe ana cewa turmi, ana cewa kisa idan aka kai mutum ƙasa, hannun da aka naɗe da zare shi ne mashi, ɗayan kuma garkuwa. Gidajen dambe na yau sun kasu ɓangaren Kudu da Arewa da Guramaɗa. A kokawa ana maganar kamu da kaye. Ɗalibi ya rubuta kalma yadda shaida ya furta ta, ko da ta saɓa wa daidaitacciyar Hausa, sannan ya yi bayaninta. A ƙasar da Hausawa da Mangawa da Fulani suke zaune tare, irin waɗannan kalmomi taska ce ga mai nazarin karin harshe.

6.6 Tsara Rubutu

Tsari mafi sauƙi kashi biyar ne: garin da zamanin, tarihin gwanayen biyu, dalilin hamayyarsu, ranar karo, da abin da ya biyo baya. Kashi na huɗu ne zuciyar aikin, a nan ake son gajerun jimloli masu bin juna yadda abin ya gudana.

7.0 Ladubban Aiki

Wanda aka kayar shekara 40 da suka wuce yana da 'ya'ya da jikoki a gari. Magana kuwa zarar bunu ce, balle wadda aka rubuta. Saboda haka a nemi izinin mai gari kafin a fara, a nemi yardar shaida kafin a ɗauki muryarsa da waya, a kuma karanta masa abin da aka rubuta kafin a miƙa. Zambo da habaicin da suka taɓa asali ko iyali a bar su, ko da suna cikin waƙa. Wasu tsofaffin 'yan wasa sun bar harkar, ba sa son a tuna musu da ita. Irin waɗannan a girmama ra'ayinsu. Rubutun da zai tayar da tsohuwar gaba tsakanin garuruwa biyu bai cim ma manufar wannan darasi ba.

8.0 Amfanin Darasin a Aji

Malamin Hausa zai iya cin moriyar wannan aiki ta fuskoki huɗu. A darasin insha'i, labarin karo yana koya wa yara jeranta tunani, domin yana da farko da tsakiya da ƙarshe. A darasin adabin baka, yana ba da damar nazarin kirari da zuga a muhallinsu. A darasin al'ada, yana haɗa yara da sana'o'i da lokutan shekara. A darasin auna fahimta kuwa, yaron Gumel ko Maigatari zai fi ɗokin karanta labarin da ya ambaci garinsu fiye da na wata ƙasa mai nisa. Ɗaliban Kwalejin Ilimi ta Jihar Jigawa da ke Gumel sukan bazu cikin makarantun wannan yanki lokacin koyarwar gwaji. Idan kowane ɗalibin Hausa ya dawo da labari ɗaya ingantacce, cikin 'yan shekaru sashen zai tara abin da za a iya tacewa a buga littafi.

9.0 Kammalawa

An ga cewa waƙa da kirari sun riƙe sunayen gwanayen Hausa, amma ba su riƙe shekara da cikakken sakamako ba. An ga kuma cewa abin da ya ba marubutan wasu ƙasashe damar rubuta littafi bayan shekara 89 shi ne bayanan da aka ajiye tun ranar karo. Wanda ya kalli kokawa yana saurayi a shekarar da naira ta fito, yau ya kai shekara 70 ko ya doshe ta. Don haka aikin tattarawa na gaggawa ne, kuma malamin Hausa da yake zaune cikin jama'a, ya san harshensu, ya iya rubutu, shi ya fi kowa dacewa da shi.

Tambayoyi

1. Kawo abubuwa uku da suke sa a riƙa tunawa da karo, tare da misali daga yankinku.
2. Me ya sa ake kiran waƙar makaɗin maza shaidar ɓangare ɗaya?
3. Kwatanta matsayin Mark Frost da na Norman Mailer ta fuskar ganau da jiyau.
4. Wane darasi za a koya daga gasar takobin kokawa ta Jamhuriyar Nijar?
5. Dattijo ya ce an yi wani dambe “shekarar canjin kuɗi”. Waɗanne tambayoyi za a yi masa don a tantance shekarar?

Jinga

Kowane ɗalibi ya yi hira da shaidu uku a kan karo ɗaya da aka yi a garinsu ko garin da yake koyarwar gwaji, ya rubuta labarin cikin shafi huɗu zuwa shida bisa tsarin da aka bayar a 6.6, ya kuma haɗa da jerin kalmomin fanni goma da ya ji daga bakinsu tare da ma'anoninsu.